Babu Sikeli

A fadarmu ta Kara-Kara, bayan shagon mai faci,
mun cika gwangwanaye biyu da siminti,
muka soke su da ƙarfen matacciyar mota.
Kilo sittin, in ji Ɗan Ladi,
ko da yake babu sikeli a unguwar.
Kowace la'asar nakan kwanta bisa benci
in tura shi sama sau goma sha biyu,
yara na ƙirgawa, shayi na tafasa,
jijiyar wuyana ta miƙe kamar igiyar guga.
Suka raɗa mini Dutsen Birni.
Na amsa.

Wannan tabo na gefen gira, aikin kwalba ne.
Ranar ɗinki ban ce uffan ba,
kuma na tabbata kowa ya ji labari.

Ubana, Malam Ari, majemi ne.
Shekara arba'in hannunsa na cikin ruwan toka da bagaruwa,
warinsa kan riga shi shiga masallaci.
In ya biyo ta gaban fada bisa keke,
fatun awaki ɗaure a baya,
sai in duƙa kamar igiyar takalmina ta kwance.
Ban taɓa jin ya daka wa kowa tsawa ba.
Mai bashi ya zage shi a kasuwar Dole,
ya ce: Allah ya huci zuciyarka.
Na ce a raina, wannan ba namiji ba ne,
jiƙaƙƙiyar fata ce.

Da daminar bara ɓarin jikinsa ya shanye.
Inna ta tsufa.
Ƴan'uwana mata, ɗaya na Mirriya, ɗaya na Tanut.
Wa zai kai shi bayan gida?

Ranar farko da na ɗauke shi
bai kai rabin simintina ba,
amma gwiwata ta yi rawa.
Babu yaro mai ƙirgawa,
sai kaza da ke tona gindin randa.

Na zaunar da shi bisa turmi, na kwance masa wando.
Ya juya fuska ga bango.
Ni ma na rasa inda zan ajiye idona,
sai ya faɗa kan hannuwansa:
faso kamar ƙasan tabki da bazara,
farce ja da karan dafi, ba ya wankuwa.
Daga nan kuɗin lakwal ɗina suka fito.
Daga nan jikka talatin ɗin da ya ƙirga
daren da aka fito da ni daga kaso,
bai ce mini komai ba a hanya,
sai dai ya tsaya ya saya mini ƙosai.

Ina cuɗa bayansa da gaggawa, don mu gama da kunyar,
ya yi magana da bakinsa da ya karkace:
Sannu-sannu, Laminu.
Fata ba ta jin ƙarfi.
Ka ja, ta yage.

Sai ruwa ya sauko daga idon da ke motsi.
An ce namiji ba ya kuka.
Na duba tsakar gida, ban ga wanda ya faɗa ba,
na share masa da bakin rigata,
na share nawa da wuri guda.

Yanzu ƙarfe uku na dare, in famfo ya ga dama ya kawo ruwa,
ni ne a layi da jarka huɗu cikin mata.
Da safe ina majema, hannu cikin bagaruwarsa.
Wari ya kama ni. Na bar shi.

Nakan leƙa fada wani lokaci.
Ɗan Ladi ya matsa dantsena ya ce Dutse ya zaizaye.
Jiya wani yaro, sabon tashi, ƙirji gaba,
ya tambaye ni kilo nawa nake ɗagawa yanzu.
Na ce ban sani ba, ɗan ƙane.
Babu sikeli.